Daga Bamako Zuwa Konakiri, Ƙasar Da Ta Ɗauki Makaɗa Aikin Gwamnati

Da hunturu na bar Kano zuwa ƙasar Gini, don in ga ƙungiyar rawa da kiɗa ta ƙasar, wadda duniya ta sani da suna Les Ballets Africains. Na daɗe ina hulɗa da 'yan wasannin gargajiya a Kano, 'yan koroso da masu kalangu da masu kotso, kuma duk inda manyanmu suka zauna ana zancen yadda ake ɗora rawar gargajiya a kan dandamali, sai an ambaci mutanen Gini. Tasu ba irin rawar Turawa ba ce ta tsayuwa a kan yatsun ƙafa. Ganguna ne da waƙa da tsalle da ba da labari, waɗanda aka tattaro daga ƙauyukan ƙasar aka zagaya duniya da su fiye da shekara saba'in.

Hanyar mota daga Yamai zuwa Wagadugu ba ta biyuwa da kwanciyar hankali yanzu, don haka jirgi na bi zuwa Bamako. A can wani abokina mutumin Maraɗi, mai sayar da shadda, yake jirana. Yana jin Faransanci da Bambaranci, shi kuwa Bambaranci ɗan'uwan yaren Maninka ne da ake yi a gabashin Gini, don haka shi ya zame mini baki da kunne har muka dawo.

Da asuba muka je tashar motocin Gini da ke unguwar Jikoroni. Motar tsohuwar Fijo ce mai dogon baya, mutum tara ban da direba: biyu a kujerar gaba, huɗu a tsakiya, uku a baya. Kayan da aka ɗaura a rufinta sun kusa kai tsayin motar kanta. Muka ratsa duwatsun Sibi da gonakin mangwaro, kafin azahar muna Kuremale, garin da iyaka ta raba shi biyu. Fasfo ɗin ECOWAS ya wadatar, ba a nemi biza ba, amma katin rigakafin shawara kam sai an gani. A wani shinge da ke gaba wani jami'i ya riƙe fasfona yana juya shi, ya ce hatimin bai fito sosai ba. Abokina ya yi ta ba shi haƙuri da Bambaranci, da ƙyar ya sake mu bayan ya karɓi na goro. A bakin iyakar na canza kuɗi, sefa dubu goma ta ba ni faran ɗin Gini sama da dubu ɗari da arba'in. Babbar takardarsu ta dubu ashirin ce, saboda haka ɗan guzurin da na canza sai da ya cika aljifan rigata duka biyu.

Gari na farko mai girma shi ne Sigiri, garin zinariya, cike da babura da ƙura da samari masu ɗauke da na'urar neman ma'adini a kafaɗa. Yana bakin kogin nan namu na Kwara, wanda su suke kira Joliba, kuma daga tsaunukan ƙasarsu yake fitowa kafin ya bi ta Mali da Nijar ya iso Yawuri da Lakwaja. A wannan gari aka haifi Fodeba Keita a 1921, mutumin da ya kafa ƙungiyar da na zo nema. Ya yi karatu a makarantar William Ponty ta Senegal, wadda ta yaye yawancin 'yan bokon ƙasashen rainon Faransa, ya koyar na ɗan lokaci, sannan ya tafi Faris a 1948 karatun shari'a. Karatun bai yi nisa ba. Ya haɗu da wani mai kaɗa jita ɗan ƙasarsu, Kante Faseli, suka tara ɗalibai da 'yan ci-rani na Afirka suna wasa, har abin ya zama Les Ballets Africains a 1952. Mawaƙi ne kuma, mai kaifin alƙalami. Ya rubuta waƙa a kan sojojin Afirka da suka yi wa Faransa yaƙin duniya na biyu, suka dawo suna neman haƙƙinsu aka harbe su a barikin Caroy kusa da Dakar a 1944, kuma Turawan mulki sun hana yaɗa rubuce-rubucensa a yankin. A wani shagon shinkafa na sa abokina ya tambayi samarin da ke ciki ko sun san shi. Sun san sunan. Da aka ce me ya yi, ɗaya ne kawai ya ce minista ne a zamanin Seku Ture, shugaban ƙasar na farko.

Mun kwana a Kankan, bakin kogin Milo, garin malamai da 'yan kasuwa. Ɗaki mai fanka faran dubu ɗari biyu, wuta kuwa sai da dare. Abincin safe da aka ba mu sunansa lafidi: shinkafa da kuɓewa da gauta da manja, an barbaɗa daddawa a sama. Daddawarsu ta ɗorawa ce sak irin tamu, suna ce mata sumbara. Kwano guda faran dubu goma sha biyar.

Abin da ya tsayar da ni a wannan yanki shi ne ƙasar Hamana, ƙauyukan da ke kewaye da Kurusa. Mai masaukinmu ya ce ana biki a wani ƙauye da ke bakin kogi, muka hau babura muka je. Tun daga nesa ƙirjina ya fara amsa kiɗan kafin kunnena ya rarrabe shi. Filin a tsakiyar gari yake, a gindin wata babbar rimi, jama'a sun yi da'ira. Ganguna uku ne masu fuska biyu, babba da matsakaiciya da ƙarama, dundunba da sangban da kenkeni, kowace da mai kaɗa ta, yana dukan fata da sanda a hannun dama, yana buga ƙararrawar ƙarfe da hagu. A gabansu masu jembe, gangar nan mai siffar turmi da ake rufe wa da fatar akuya a kaɗa da tafin hannu. Rawar ita ma dundunba ake kiranta, rawar ƙarfafan maza. Samari sa'o'in juna suke fitowa layi guda, ba riga, da wando mai faɗin hantsa, kowa riƙe da ɗan gatari a hannu ɗaya da bulala a ɗayan, suna taku a hankali suna zagaya filin, sai kiɗa ya yi zafi su ɓarke. Wani dattijo ya ce a da da bulalar ake raba gardama tsakanin rukunin manya da na ƙannensu masu son karɓar ragamar gari. Nan take sharo ya faɗo mini a rai, duk da cewa nasu ba neman aure ba ne. Tun la'asar ake yi har muka tafi bayan isha'i ba a tashi ba, kuma ba wanda ya zo kallo kawai. Tsohuwa za ta shiga ta yi taku uku ta fita, yaro ya shiga, mai goyo ta shiga.

Daga wannan ƙasa Famudu Konate ya fito, wanda aka ɗauka cikin ƙungiyar ƙasa a 1959 ya riƙe babbar jembe shekara ashirin da shida. Na ji daɗin ganin abin a inda aka haife shi kafin in gan shi a birni, don da ban ga wannan ba, da ban gane aikin da Fodeba ya yi ba, da kuma abin da aikin ya ci.

Daga Kurusa zuwa Konakiri tafiya ce da ba na yi wa kowa fatan ya yi ta da ciwon baya. Mun biya faran dubu ɗari biyu da hamsin kowannenmu. Kafin Dabola direba ya nuna mana mararrabar da ke zuwa Dingiray, garin da Alhaji Umaru Tal ya kafa sansaninsa bayan ya baro Sakkwato, inda ya zauna shekaru wurin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello har ya auri 'yarsa. Na so ƙwarai in ratse, hali bai yi ba. Daga nan hanya ta fara hawa tsaunukan Futa Jalon, kwana bayan kwana, ga manyan motoci sun kife a gefen rami an bar su. Cikin dare ƙafar motarmu ta baya ta karye saboda nauyi. Sanyin wurin ya fi na Jos. Muka sauka muka hura wuta a bakin titi, wata Bafulatana da muke tafe tare ta kwance ƙullinta ta raba mana dambun masara da kindirmo, abin da suke kira lacciri da kosan. Na yi mata godiya da 'yar Fulatancin da nake ji, ta yi dariya ta gane, ko da yake nasu ya sha bamban da na Adamawa. Direba da yaronsa suka ɗaure ƙarfen da igiyar roba da guntun katako, muka lallaɓa zuwa Mamu da hantsi. Kindiya garin abarba da ayaba ne, daga can sai gangara zuwa Koya, sai babban shingen da suke kira Kilomita 36, inda aka sauke mu duka aka duba takardu ɗaya bayan ɗaya.

Konakiri doguwa ce siririya, ta miƙe cikin teku, ruwa dama ruwa hagu, kuma kowa da safe ƙarshenta yake nufa, unguwar Kalum, inda ofisoshi da tashar jiragen ruwa suke. Cunkoson ya sa na daina ƙorafi a kan na Kano. Zafin kuma mai ɗanko ne, riga ba ta bushewa a jiki. Mun sauka a unguwar Diksin, ɗaki faran dubu ɗari uku. Abinci shinkafa ce safe da rana da dare, yau da miyar ganyen rogo, gobe ta ganyen dankali, jibi ta gyaɗa ko ta busasshen kifi. A kusa da kasuwar Madina na ji wani mai tsire yana waya da Hausa. Na yi masa sallama, ya ajiye wuƙa ya riƙe hannuna da hannu biyu, ya ce, "Malam, daga ina?" Mutumin Tawa ne. Ya ƙi karɓar kuɗina, kuma ta hanyarsa muka sami wani maƙwabcinsa, dattijo, tsohon ɗan rawa a ƙungiyar ƙasa.

Dattijon nan shi ne ribar tafiyata. Ya haura saba'in amma in ya miƙe tsaye bayansa a miƙe yake. Ya kai mu gaban Palais du Peuple, babban zauren taro da 'yan Sin suka gina a 1967, inda suka sha yin wasa gaban shugabannin ƙasashe, muka zauna a inuwa yana ba da labari abokina yana juya mini. A watan Agusta na 1958 Janar de Gaulle, shugaban gwamnatin Faransa a lokacin, ya zo Konakiri yana neman ƙasashen rainon Faransa su zauna ƙarƙashin inuwarta. Seku Ture ya faɗa masa a bainar jama'a cewa sun gwammace talauci cikin 'yanci da wadata cikin bauta. Ranar 28 ga Satumba Gini kaɗai ta kaɗa ƙuri'ar a'a, ranar 2 ga Oktoba ta zama 'yantacciya, Faransawa kuma suka kwashe ma'aikatansu da kayan aikinsu suka bar ta hannu rabbana. Ƙasar da ba ta da kuɗi ba ta da jakadu sai ta dubi abin da take da shi. Fodeba ya riga ya dawo gida ya zama ministan cikin gida tun 1957, sai ƙungiyarsa ta koma hannun gwamnati ta zama ta ƙasa. Shi ne kuma ya tsara kiɗan taken ƙasar, daga wata tsohuwar waƙar yabon Alfa Yaya, sarkin Labe. A farkon 1959 suna wasa a New York, inda hukumomin birnin suka ce sai matan sun rufe ƙirji kafin su hau dandamali. Ni kaina ba zan so ganin haka ba, kuma yau a rufe suke fitowa, amma a lokacin shigar matan ƙauyukansu ke nan, ba don jan 'yan kallo aka ƙirƙira ba.

Na tambaye shi, "Baba, yaya aka yi ka shiga?" Ya ce ba shi ya nema ba. A zamanin kowane ƙauye sai ya fitar da 'yan wasa, a yi gasa a gunduma, a yi a lardi, a ƙare a babban bikin ƙasa a Konakiri, duk wanda ya yi fice a ɗauke shi. Shi ma haka aka zo aka ɗauke shi yana saurayi, mahaifiyarsa tana kuka, ba kuma a cewa a'a. Horon irin na soja ne, gudu da asuba, gwaji har yamma. Bamaninke sai ya koyi rawar ƙabilar Susu da ta Baga da ta mutanen daji, Bafulatani mai sarewa ya zauna kusa da mai balafon, abin kiɗan jerin katakai da ake bugawa da sanduna. Ya ce, "Ɗana, ni da ban taɓa shiga aji ba, na taka ƙasashen da ministoci ba su taka ba, da albashina, da tutar ƙasata a gaba." Da ya faɗi haka sai da na sunkuyar da kai. A wurinmu makaɗi yana bin ubangida ne, in an ba shi ya ci, in an hana shi ya yi haƙuri, kuma har yau akwai gidajen da ba za su ba ɗansa aure ba. Yaran da nake aiki da su ana kiransu tarbar baƙi a filin jirgi, su yi rawa cikin rana, a sallame su da abin da bai kai kuɗin mota ba, sai kuma wani baƙon ya zo a tuna da su.

Washegari ya kai mu inda ƙungiyar ƙasa take gwaji. Abin da na gani ya girgiza ni. Da'irar nan ta Hamana an buɗe ta, kowa ya fuskanci gaba guda. Ganguna ukun an tsayar da su a ƙasa mutum ɗaya yana dukansu da sanduna biyu. Kiɗan ya ninka na ƙauye sauri. Mai babbar jembe yana da wani ɗan gajeren kira da yake bugawa, da ya buga sai mata goma sha su sauya taku lokaci guda, ba mai riga wata. Rawar da na ga an yi ta daga la'asar zuwa dare, nan an matse ta cikin 'yan mintoci, an ɗinka ta da wata daga bakin teku, sai ga mai kora, abin kiɗan ƙwarya mai tsirkiyoyi da yawa, ya shigo kiɗa ya kwanta, wata zabiya ta ɗaga murya. Masu tsalle suna juyawa a sama suna dira daidai kan bugun ganga. Wata yarinya ta kuskure taku, malamar ta tsayar da kowa aka koma farko, ba faɗa ba zagi, aka yi ta maimaitawa har ya zauna. Ban taɓa ganin an ɗauki rawa da muhimmanci irin haka ba.

Amma na ƙauyen ya fi taɓa zuciyata, kuma dattijon bai musa ba. Ya ce akwai abin da ya fi wannan ciwo. A farkon shekarun 1960 gwamnati ta yi kamfen na rusa tsafi a yankin daji da ƙasar Baga, aka fito da dodannin da mata da yara ba sa gani aka baje su a fili, aka ƙona da yawa. Waɗansu irinsu kuma aka hau da su dandamali ana nuna wa Turawa. A matsayina na Musulmi ba na kukan tsafi. Sai dai hannun da ya hana mutane abinsu a gida shi ne ya ɗauke shi ya kai kasuwar duniya da sunan al'adar ƙasa, kuma wannan bai kwanta mini ba.

Ranar Juma'a muka yi salla a babban masallacin Faisal, wanda Saudiyya ta ba da kuɗin gina shi aka buɗe a 1982. A harabarsa hubbaren Seku Ture yake, tare da na Samori Ture, sarkin da ya yaƙi Faransawa, da na Alfa Yaya. 'Yar tafiya kaɗan daga nan barikin da aka sani da Camp Boiro yake, kurkukun 'yan siyasa na wancan zamani, inda ake kulle mutum ba ci ba sha har ya mutu. Haka aka yi wa Diallo Telli, sakataren farko na Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka, a 1977. Fodeba ya riƙe ma'aikatar tsaro shekaru, kuma yana cikin waɗanda suka kafa wannan tsari na kama mutane da tsare su. A 1969 aka zarge shi da hannu a yunƙurin juyin mulki, aka kulle shi a wurin, aka harbe shi a watan Mayu. Ba a nuna wa iyalinsa kabari ba. Abokin tafiyarsa Kante Faseli ya riga shi, a haɗarin jirgin sama kusa da Kasabalanka a 1961. Na tsaya a bakin titi ina duban katangar. Ba zan iya wanke Fodeba ba, don akwai waɗanda suka shiga wurin da sa hannunsa. Ba zan kuma iya rage masa ko ƙwayar zarra daga abin da na gani a zauren gwaji ba. Dattijon bai yarda ya matso kusa ba, a tsallaken titi ya jira mu.

Bayan rasuwar Seku Ture a 1984 tallafin gwamnati ya ja baya, manyan makaɗa suka bazu. Famudu Konate ya koma koyarwa a Jamus. Mamadi Keita, gwanin ɗaya ƙungiyar ƙasar mai suna Ballet Djoliba da aka kafa a 1964, ya zauna a Beljiyam ya buɗe makarantu a ƙasashe da dama, a can ya rasu a 2021. Ta hannun irinsu jembe ta shiga Turai da Amurka da Japan. Les Ballets Africains dai tana nan tana aiki, kuma kusan kowace unguwa a Konakiri tana da tata ƙaramar ƙungiya a gidan matasa, yawanci tsofaffin 'yan wasan ƙasa ke koyarwa. Dattijon ma yana da tasa. Na je da yamma na tarar da yara sun fi talatin a kan siminti, ba takalmi, shi yana zaune da sanda yana buga ƙasa yana ba su lokaci. Ya ce mafi yawansu burinsu Bature ya gan su ya ɗauke su. Abin da ke damunsa shi ne takun da ke kansa ba a rubuce suke ba, kuma sa'o'insa suna ta ƙarewa. Na roƙe shi izini na ɗauki abin da ya koyar ranar da wayata, na kuma bar masa kwafi a wayar jikansa.

Kafin mu taso na sayi jembe guda a wurin masu sassaƙa, ta icen lenke, faran dubu ɗari takwas bayan dogon ciniki, aka ɗinka mata jaka. Abokina ya koma Bamako ta mota, ni kuwa bayana bai yarda in sake bin tsaunukan ba, na hau jirgi zuwa Legas. Wanda ke da niyyar zuwa ya guji Yuli da Agusta, don ruwan da ake yi a Konakiri a watannin nan biyu ya fi na shekara biyu a Kano, hanyar Mamu kuma takan yanke. Ya riƙe kuɗi a hannu da katin shawara, ya nemi mai jin Faransanci ko Maninka, ya kuma tsaya a Hamana kafin ya wuce birni.